Hular da Nnenna Ta Ɗinka wa Sarkin Tulluwa

Duk wanda ya zauna a unguwar Magajiya a shekarun nan na saba'in ya san Nnenna tela, ko da bai taɓa kai mata ɗinki ba. Shagonta yana bakin hanyar kasuwa, ɗaki ne guda mai rufin kwano da labulen atamfa a ƙofa. A lokacin Abuja ake ce wa garin, ba a kai ga mai da shi Suleja ba tukuna. Mutanen unguwa ba su iya faɗin sunanta yadda iyayenta suka raɗa mata ba, sai su ce Nanna, ita kuma ta amsa.

A garin aka haife ta. Ubanta kafinta ne da ya zo daga ƙasar Ibo tun zamanin Turawa, ya kama haya a gidan wani mahauci. Mahaucin yana da 'ya mai suna Laraba, tsarar Nnenna, kuma tare suka tashi. Tare suke zuwa rafin Iku ɗebo ruwa, tare ake dukansu idan sun fasa tulu, a kwano ɗaya suke cin tuwo. Ran Lahadi Nnenna ta tafi coci, Laraba ta jira ta a bakin zaure. Da azumi Nnenna takan ƙi cin abinci a gaban ƙawarta har a sha ruwa. Hausa ta fi zama a bakinta fiye da harshen iyayenta, har uwarta takan yi ƙorafi cewa ta haifi Bahaushiya.

Laraba ce ta fara aure, ta haifi ɗa aka sa masa suna Sama'ila. Da yake ɗan fari ne, ba ta kama sunansa, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, sai dai ta ce "yaron nan". Nnenna kuwa babu wannan kunyar a tsakaninsu. Ita ta goya shi, ita ta ɗinka masa rigarsa ta farko da hannu, kuma da ya fara magana Inna Nanna ya riƙa ce mata, har ya girma bai sauya ba. Daga baya ita ma ta auri wani makaniki mai suna Ambrose, mutum mai shiru-shiru, wanda ya saya mata keken ɗinki tun kafin ya sayi gado. Suka haifi 'ya mace, Stella.

Sai tashin hankalin shekarar sittin da shida ya zo. Mijin Laraba ne ya ɓoye su a ɗakin hatsi har aka samu lorin da zai bi kudu. Nnenna ta bar kekenta a hannun Laraba, ta ce ko ta dawo ko ba ta dawo ba. Abin da ya same ta a can lokacin yaƙin basasa ba ta cika son ba da labarinsa ba. An dai san an tafi da Ambrose fagen daga bai dawo ba, an kuma san ta haifi ɗa namiji a wani daji, yunwa ta kashe shi kafin ya fara rarrafe. Bayan yaƙi danginta suka ce ta zauna a ƙauye ta yi noma. Ta gwada, ta ga ba ta san kowa ba, ba ta iya zaman wurin ba, sai ta kama hannun Stella suka hau mota zuwa garin da ta sani.

Ta tarar mijin Laraba ya rasu, Laraba tana toya waina a ƙofar gida. Da suka haɗa ido suka tsaya kallon juna har wainar da ke kan tanda ta ƙone. Keken yana nan a ƙuryar ɗaki a lulluɓe da tsohon zane, kuma ko tsatsa bai yi ba, don Sama'ila yana zuba masa mai yana murza shi duk tsawon shekarun. Shi ya ɗauke shi a kai ya kai mata shagon da ta kama.

Cikin 'yan shekaru ɗinki ya karɓe ta. Matan Hausawa suna kawo kayan salla, matan Gwari suna kawo facin zane, matan malaman makaranta suna kawo yadin riga. Amma abin da ta fi shahara da shi shi ne ɗan kambin da amaren coci suke sawa a ka. Da waya take lanƙwasa shi, ta naɗe da farin leshi, ta jera masa furanni da 'yan duwatsu masu ƙyalli. Tana da wata al'ada da ba kowa ya sani ba. Duk kambin da ta yi, takan ɗinke wani ɗan ƙarfe mai hoton Maryamu a cikin shafinsa, ƙarami kamar ƙwayar gyaɗa, irin wanda Fada, limamin cocinsu, yake rabawa. A wurinta addu'a ce take yi wa mai sawa, kuma ba ta taɓa ganin dalilin faɗa wa kowa ba.

Sama'ila ya zama saurayi dogo mai kakkausar murya, yana aikin akawu a wani ofishin gona. Ya auri wata yarinya mai suna Hauwa, suna zaune tare da uwarsa. Da yamma kuma yana zuwa kulob ɗin samari na masu wasan kwaikwayo, wanda wani malamin firamare mai suna Filibus yake jagoranta. Malam Filibus mutumin kudancin Zariya ne, siriri, mai tabarau, kuma kansa cike yake da labaran ƙasashen da babu su. A shekarar saba'in da bakwai, bayan an ba su sabuwar jiha, aka ce za a yi gasar wasanni a Minna, kowane gari ya kawo nasa. Malam Filibus ya tsara wasa, ya ba Sama'ila matsayin sarki a cikinsa, sa'an nan su biyun suka zo shagon Nnenna wata ranar Asabar da hantsi.

Ya zauna a kan benci ya kwashe labarin ya faɗa mata, tana ɗinki tana saurare. Ya ce akwai wata ƙasa da ya ƙirƙira, sunanta Tulluwa. Mutanenta a kan ƙololuwar duwatsu suke zaune, babu rafi babu rijiya, da ruwan sama kaɗai suke rayuwa. Hadari kuma ba ya zuwa ƙasar da kansa, sai an kira shi. Suna da wata hula ta gado, Hular Hadari, wadda take ajiye a cikin kogo, ba a fito da ita sai ranar bikin roƙon ruwa. Sarki ne kaɗai yake sa ta. Idan ya ɗora ta a kansa ya tsaya a kan dutse mafi tsawo, madubin da ke jikinta zai haska gajimare duk inda suke, su taho kamar tumakin da aka kira. Sai dai hular ba ta aiki a banza. Duk sawa ɗaya tana shanye wani kaso na ran mai sawa, gashinsa ya yi fari, gwiwarsa ta yi sanyi. A wasan, fari ya yi tsanani, sarki ya riga ya sa hular sau biyu, ya san na uku zai kashe shi, fadawa suna ce masa ya ɗora wa bawa. Ya ƙi, ya sa da kansa, ruwa ya sauko, shi kuma ya faɗi ya mutu.

Nnenna ta tsayar da keken. Ta tambayi malamin ko yara suna mutuwa a ƙasar idan ruwa ya ƙi zuwa. Ya ce bai sa wannan a wasan ba. Ta ce ya sa, don su ne suke fara tafiya. Sa'an nan ta auna kan Sama'ila, tana yi masa tsiya cewa tun yana goye kansa ya fi na kowa girma.

Ba ta taɓa yin aiki da zuciya ɗaya kamar wannan ba. Ta yi ƙashin hular da waya da kwali mai kauri, doguwa mai tsini kamar rumbu. Ta rufe ta da baƙin karan-miski, ta cusa audugar rimi a ciki don kada wayar ta ci masa kai. Ta je wurin mai gilashi a kasuwa ta roƙi ɓaraguzan madubi, ya yayyanka mata su ƙanana, ta zauna tana ɗaure kowanne da zare. Ta jera wuri a gefen goshi, ta kafa gashin zabo a saman, ta daddaka murafun kwalaben lemo suka yi faifai ta rataya su a kewaye, yadda idan mai hular ya girgiza kai za a ji kamar yayyafi a kan kwano. Stella, wadda a lokacin ta fara zama budurwa, ta ce ba ta taɓa jin uwarta tana waƙa a kan aiki ba sai a kwanakin nan. Da ta zo rufe shafin ciki, sai ta ɗauki ɗan ƙarfen nan mai hoton Maryamu ta ɗinke shi a ciki kamar yadda ta saba. Ta ɗan yi jim kafin ta sa, don ta san Sama'ila ba ɗan coci ba ne. Amma ta tuna wasan mutuwa zai yi da hular, zuciyarta ba ta so hakan ba, ta ce a ranta addu'ar uwa ba ta cutar da ɗa.

An fara nuna wasan a gari kafin a tafi Minna, a filin makaranta bayan la'asar, a tsakiyar bazara. Zafi ya yi zafi a shekarar, mutane suna kwana da gumi suna tashi da shi. Filin ya cika maƙil, har kan bishiyoyi. Laraba ta ce ba za ta je kallon yaron nan yana shirme ba, amma Nnenna ta hango ta a bayan shingen makaranta, ta ja mayafi ta rufe rabin fuska. Da aka fito da hular daga kogon da aka yi da tabarmi, rana ta bugi madubin, haske ya watsu a fuskokin jama'a. Sama'ila ya ɗora ta a kansa, ya hau tebur da aka lulluɓe kamar dutse, ya ɗaga murya yana kiran hadari da sunayen da Malam Filibus ya ƙago. Da ya faɗi, mata da yawa suka yi hawaye, har da waɗanda suka san gobe za su gan shi a kan kekensa yana tafiya ofis.

Kafin jama'a su gama watsewa gabas ta yi baƙi. Iska ta taso, ruwan farko na shekarar ya sauko, mutane suna gudu suna dariya. Lokacin ruwan ne dama, kowa ya sani. Duk da haka washegari a kasuwa zancen ke nan, ana ta zolayar Nnenna cewa hularta ta kira hadari, manoma su zo su yi mata godiya. Ita ma ta yi dariya ta ce a kawo mata doya idan an yi girbi.

Sama'ila ya wayi gari da ciwon kai. Ya ce wuyansa ya ƙage, wataƙila nauyin hular ne. Uwarsa ta shafa masa man zafi. Nnenna ta zo duba shi, a tsakar gida a gaban matan maƙwabta ta ce ya yi haƙuri, laifinta ne, ta cika wa hular kaya da yawa, za ta rage kafin tafiya Minna. Ya yi murmushi ya ce kada Inna Nanna ta taɓa masa hula, haka yake son ta. Daga nan zazzaɓi ya rufe shi, ya fara amai, haske ya zame masa azaba, ya daina gane mutane. Aka ɗauke shi zuwa asibiti. Likita ya duba ya ce sanƙarau ne, kuma ba shi kaɗai ba ne, an kawo wasu daga Kurmin Sarki da ƙauyuka. An yi masa allurai, an yi abin da za a iya. Kafin mako ya zagayo ya rasu, ya bar Hauwa da ciki.

Nnenna ta rufe shago ta tare a gidan makoki. Ita take hura wuta, ita take raba wa masu gaisuwa ruwa. Laraba tana zaune a kan tabarma da carbi, ba ta kuka a gaban mutane, ko a mutuwa ba ta kama sunansa ba, sai dai idan an yi mata ta'aziyya ta ce yaron nan ya riga mu. Nnenna ce take shiga bayan ɗaki ta yi kukan su biyu.

Tun kafin a yi addu'ar bakwai ta lura mata suna yin shiru idan ta shigo. Wata ta ƙi karɓar kofin ruwa daga hannunta. Zancen da aka yi da wasa a kasuwa ya juya ya zama wani abu daban. Ana cewa ai kowa ya ga hular ta kira ruwa, kuma kowa ya ji a wasan cewa tana shan ran mai sawa. Ana cewa ita da bakinta ta amsa laifi a tsakar gida. Wasu suka ƙara da cewa wa ya san abin da ta koyo a can kudu lokacin yaƙi, matar da mijinta da ɗanta suka mutu ita ta dawo da ranta. Da aka ce likita ya ce sanƙarau ne, sai su ce to me ya sa cutar ta tsallake duk samarin kulob ta kama wanda ya sa hular.

Ƙanin mijin Laraba, wani ɗan kasuwa da ake kira Maiturare, shi ya kai maganar gaban mai unguwa. Ba mugun mutum ba ne, shi ya riƙe Sama'ila a makaranta bayan rasuwar ubansa, kuma mutuwar ta gigita shi. Ya ce ba ya zargin kowa, yana so dai a buɗe hular a ga abin da ke cikinta, hankalin dangi ya kwanta. Aka aika Malam Filibus ya kawo ta, aka kira Nnenna ƙofar gidan mai unguwa da safe, maza sun cika wurin, yara da mata suna leƙe daga nesa.

Ta ce babu wanda zai yaga mata aiki, ita za ta farke da hannunta. Ta durƙusa ta ciro reza, ta bi ɗinkin a hankali. Ta fitar da audugar rimi, ta nuna musu kwali da waya. Sai da ta kai ga shafin goshi ta tuna. Hannunta ya tsaya, kuma kowa ya ga ya tsaya. Ba ta ɓoye ba, ta yanke zaren, ɗan ƙarfen ya faɗo a kan tabarma. Maiturare ya sunkuya ya dube shi, bai taɓa ba.

Ta yi musu bayani da Hausarta mai kyau. Ta ce hoton Maryamu ne, uwar Annabi Isa, wadda su ma suke girmamawa. Ta ce duk amaren da ta yi wa kambi da shi suka shiga ɗakin miji, kuma suna nan da ransu. Malam Filibus ya tashi ya ce shi ya ƙirƙiri Tulluwa da hularta a ɗakinsa, babu wata ƙasa mai wannan suna, babu tsafi a ciki, amma hayaniya ta danne muryarsa. Mai unguwa dattijo ne mai hankali. Ya ce rai na Allah ne, cutar da ta kashe yaron ta kashe wasu da ba su taɓa ganin hular ba, kuma ba zai yarda a taɓa matar nan ko shagonta ba. Sai dai ya ce ta yi kuskure da ta sa abin addininta a kan ɗan Musulmi ba da saninsa ba, kuma a ƙona hular kowa ya huta. Aka zuba mata kananzir a nan gefen hanya. Karan-miskin ya kama nan da nan, gashin zabon ya yi ƙauri, madubin yana fashewa ɗaya bayan ɗaya. Nnenna ta tsinci ɗan ƙarfenta ta ƙulle a bakin zane ta tafi.

Gidan Laraba ta nufa kai tsaye. Labari ya riga ta isa. Ta same ta ita kaɗai a ɗaki, ta zauna a bakin ƙofa.

"Na san ba ke kika kashe shi ba," in ji Laraba. "Ko duniya duka ta faɗa, ni ba zan faɗa ba. Amma me ya sa ba ki gaya mini za ki sa masa abin nan ba?"

Nnenna ta ce, "Addu'a ce kawai, Laraba. Ni na goya shi."

"Da kin tambaye ni, kina jin zan yarda?"

Nnenna ta sunkuyar da kai ta ce a'a.

"To kin sani ke nan," in ji Laraba. Ba ta ɗaga murya ba. Ta juya fuskarta bango, ta ce ta gaji, tana so ta ɗan kwanta.

Babu wanda ya kori Nnenna daga gari, babu wanda ya jefi shagonta. Mutane dai suka daina zuwa. Mata suka aiko a karɓo musu yadinsu ba a ɗinka ba. Salla ta zo ta wuce, kekenta bai ga kayan salla ko ɗaya ba. Abin da ya fi ba ta mamaki shi ne mutanen coci. Wata uwar amarya ta zo har shago ta ce ba don ta yarda da zancen ba, amma dangin ango sun ce a sayo kambin daga Kaduna. Ran Lahadi bencin da take zama yakan yi fili ta kowane gefe. Kulob ɗin ya watse, ba a je Minna ba. Malam Filibus ya nemi a sauya masa wurin aiki, ya zo yi mata sallama ya tsaya a ƙofa yana ta goge tabarau, ya ce da ya sani da bai rubuta wasan ba. Ta ce wasan yana da kyau, kada ya ce haka.

Stella ce ta fi shan wuya. A makaranta 'yan ajinsu suna rufe kawunansu da hannu idan ta wuce. Ta daina cin abinci, ta daina fita. Nnenna ta haɗa mata kaya ta tura ta Inugu wurin wani ƙanin Ambrose, ta ce ta yi karatu a can. Ranar da ta raka ta tasha ta dawo ta tarar ɗakin ya yi mata girma.

Hauwa ta haifi ɗa namiji bayan damina. Ba a aiko wa Nnenna goron suna ba. Ta ɗinka 'yan riguna da wanduna na jariri, ta ba wata maƙwabciya ta kai, ba ta ji an ce an gode ba, ba a kuma dawo da su ba. Ba da daɗewa ba Laraba ta bar gidansu na Magajiya, ta koma ƙauyen Maje wurin ƙaninta manomi, ta tafi da Hauwa da jaririn. Ta bayan gari suka bi, ba su wuce ta gaban shagon ba.

A shekarun ne gari ya fara cika da baƙi saboda sabon babban birnin da aka ce za a gina a kusa. Leburori, direbobi, masu awon ƙasa, 'yan kwangila, kowa yana neman ɗakin haya. Su ba su san Sama'ila ba, ba su taɓa jin Tulluwa ba. Suna kawo mata wandon kaki ya yage a gwiwa, da rigar aiki da maɓalli ya fita, da labulen taga. Abinci ya dawo tukunyarta. Amma ba ta sake lanƙwasa waya ta yi wani abu na sawa a ka ba, ko da wata baƙuwar amarya ta roƙe ta. Takan ce idonta ya yi rauni.

Sau ɗaya ta je Maje, a shekarar da aka sauya wa Abuja suna zuwa Suleja. Ta ji an ce Laraba ba ta da lafiya, ta sayi sukari da sabulu ta hau motar kasuwa. Ta same ta a gindin mangwaro tana ɓare gyaɗa, ta rame, ta tsufa fiye da shekarunta. Laraba ta yi mata maraba, ta sa aka shimfiɗa mata tabarma, aka kawo ruwa. Suka yi zancen damina, da tsadar hatsi, da yadda baƙi suke sayen gonakin mutane. Laraba ta tambayi labarin Stella, ta ji daɗi da ta ji tana karatun aikin jinya. Har suka ɗan yi dariya a kan wata tsohuwa da suka sani tun suna yara.

Sai ɗan Sama'ila ya fito daga ɗaki yana tafiya dagwai-dagwai, da faɗin goshi irin na ubansa. Ya zo ya tsaya a gaban baƙuwar yana kallonta. Nnenna ta miƙa hannu za ta shafa kansa. Kafin hannun ya kai, Laraba ta jawo shi jikinta ta rungume. Ba da niyya ta yi ba, jikinta ne ya riga tunaninta, kuma nan take ta gane abin da ta yi. Ta sake shi, ta ce masa ya je ya gai da kakarsa Nanna, amma yaron ya tsorata ya ɓuya a bayanta. Nnenna ta mai da hannunta kan cinya. Suka ci gaba da ɓare gyaɗar tare har kwanon ya cika, sa'an nan ta ce za ta tafi kada mota ta wuce ta. Laraba ta ƙulle mata gyaɗa a tsumma, ta raka ta har bakin gona tana dogara sanda, ta ce ta gai da mutanen Magajiya.

Ba su sake ganin juna ba. Laraba ta rasu kafin shekarar ta ƙare, kuma a bakin wata mai tallar gawayi Nnenna ta ji, bayan an riga an yi addu'ar arba'in. Ta rufe shago ranar, ta zauna a ciki ita kaɗai. Da Kirsimeti Stella ta zo hutu, ta ga yadda uwarta take zaune, ta ce ta tattara su koma Inugu, babu abin da ya rage mata a garin nan. Nnenna ta ce ta ji, bari ta gama ɗinkin mutane da ke hannunta tukuna. Stella ta koma ita kaɗai, kuma duk zuwan da ta yi bayan nan amsar da take samu ke nan.